Ramin Bangon Gabas

Ranar Juma'ar da aka kashe Shittu ɗan doka a Wurno, babu wanda ya ji komai. Maza suna masallaci, mata suna cikin gida, rana tana tsaka. Sai da aka sallame wani mai jaki ya bi ta bayan ɗakin ajiyar hakimi, ya ga mutum kwance rigingine, ido a buɗe, ƙudaje sun riga kowa zuwa gaisuwa.

Sufeto Ma'azu ya iso daga Sakkwato bayan la'asar, shi da Kofur Yari. Ba don Shittu aka aiko shi ba. In ɗan doka ya mutu, 'yan doka kan binne abinsu. An aiko shi ne domin abin da Shittu yake gadi ya ɓace, kuma abin a hannun Bature yake.

Tuta ce. Wajen shekara hamsin da suka wuce, ranar da Nasara suka ci Sakkwato, wani hafsansu ya ɗauke ta daga cikin gawawwaki ya kai ta ƙasarsu. Ta yi zaman bango a gidansa, da ya mutu ta koma wani gidan ajiyar kayan tarihi. Yanzu an ce an tausaya, an maido ta. An shirya biki ran Litinin: a yi jawabi, a ɗauki hoto, a tafa wa waɗanda suka dawo da abin da suka kwasa.

Ma'azu dogo ne, siriri, ya haura arba'in. Tun da matarsa Safara'u ta rasu ya rage magana da mutane, ya ƙara karatu. Littafi dai ba ya zuwa maka ta'aziyya ya cinye tuwonka, sannan ya tambaye ka yaushe za ka sake aure.

Ɗakin ƙofa ɗaya gare shi, tana duban yamma. A buɗe take, kwado na rataye lafiya lau, babu alamar an taɓa shi da ƙarfi. A ciki ga dogon akwati buɗe, babu komai sai ɓawon katako. A bangon gabas kuwa ga rami, wanda mutum zai iya bi in ya sunkuya. Ta cikinsa ana hango ƙafafun gawar.

Kofur Yari ya leƙa ramin, ya waiwayi ƙofa, ya sake leƙawa.

"Ranka shi daɗe, ɓarawon ga mahaukaci na. Ƙohwa buɗe, shi ko yas shiga ginar bango."

"Ina ƙasar ta zube?"

"Waje."

"To daga ciki aka haƙa. Ya shiga ta ƙofa kamar baƙo, ya fita ta bango kamar gafiya."

Suka zagaya. Shittu dattijo ne, kulkinsa na nan a ɗamara, bai ko zare ba. Rauni ɗaya ne a ƙasan maƙogwaro, zagayayye, irin na ƙarfe mai tsini. Gefe guda ga buzunsa a shimfiɗe, ga buta. Da yake gadi ya hana shi Juma'a, a nan inuwar bango ya tsaya yin azahar.

Da suka koma bakin ƙofa ne Ma'azu ya ga takalman. Na jar fata ne, an ajiye su daidai, bakinsu na duban ɗaki, yadda mutum kan ajiye in zai shiga wurin babba. Na hagu ya fi na dama kaurin ƙasa.

"Ɓarawo mai ladabi," in ji Yari. "Har da tuɓe takalmi."

Ma'azu ya san su. Shi ya sa baduku ya yi su a Sakkwato da Sallar bara, shi ya ce a ƙara wa na hagu kauri, domin mai su ƙafarsa ɗaya ta fi ɗaya gajarta. Malam Bube na Rabah ya aika wa, mahaifin Safara'u, mutum ɗaya da ya rage a duniya wanda in ya gan shi yakan tuna an taɓa yin ta.

Ya ɗauke su ya sa a jakarsa.

"Kawo min mai riƙe da mabuɗi," ya ce.

Abdulƙadiri, malamin ofishin hakimi, matashi ne mai alƙalami a aljihu da gumi a goshi. Ya zo yana rantsuwa tun kafin a tambaye shi.

"Wallahi mabuɗi na aljihuna har anka sallame."

"To wa ya buɗe kwadon?"

"Yallaɓai, mutane na cewa masu ita na sunka zaka."

"Su wa?"

Ya rage murya. "Waɗanda sunka mutu ƙarƙashinta. Tun da akwatin ga yaz zaka, karnukan gari ba su bin ta nan."

"Fatalwa ba ta neman mabuɗi, Malam. Ba ta kuma tuɓe takalmi. Ina mabuɗin yake yanzu?"

Abdulƙadiri ya lalubi aljihun dama, ya lalubi na hagu. Kofur Yari ya ɗaga wani abu a zare yana kaɗawa.

"Ko wanga na? Wuyan Shittu nig gane shi."

Malamin ya durƙusa. Ya ce akwai wani tsoho da ya kwana biyu zaune a gindin bangon, ba ya roƙon komai sai a bar shi ya gaishe ta. Shittu ya ji tausayinsa. Ya ce in gari ya tafi masallaci zai buɗe masa ya leƙa, ya rufe, babu wanda zai sani. Shi ya sa malamin ya ba Shittu mabuɗin.

"Wane tsoho?"

"Ban san shi ba."

"Kai kaɗai ne a ƙasar nan ba ka san shi ba ke nan?"

Ya sunkuyar da kai. "Malam Bube na. Tun ina ƙarami nika ganinai ƙohwar Di'o. Dut Baturen da anka kawo sai ya tahi ya zamna ya ce a maido musu tutar gidansu. Har suna anka sa mai, Tsohon Tuta. Amma Yallaɓai, mutumin ga ko gani bai yi sosai. Kaza ba ya iya yankawa."

"An warware tutar an gani?"

"A'a. Tana naɗe ga sandarta, cikin kuben hwata. Di'o yac ce kada wanda yat taɓa sai ran biki."

Ma'azu ya sallame shi. Ya so ya gaskata cewa tsohon ya shiga ya gaishe ta ya fita, wani ne dabam ya zo bayansa. Amma mutum ba ya mance takalmansa a bakin ƙofa ya kama hanyar Rabah da ƙafa.

Suka bi sawu daga bakin ramin. Sawun ƙafa ne tsirara, na hagu yana jan ƙasa. Ya tsallake gawar, ya miƙe. Ya shiga juji bai kauce ba. Ya isa shingen ƙaya na wata gona, ga ƙofar shingen a buɗe nan kusa, amma sawun bai ratse ba, ta tsakiyar ƙayar ya bi. A ɗaya gefen akwai jini a ƙasa.

Yari ya daina barkwanci. "Ranka shi daɗe, mutum bai tahiya haka."

A jikin ƙayar wani ƙyalle ya maƙale, tare da ɗan guntun fata. Ƙaya ta yagi kuben, ta ɗebo gefen abin da ke ciki. Ma'azu ya cire shi ya juya. Fari ne, an rina shi da wani abu don ya yi kamar ya tsufa. Ya duba kalmasar gefen, ya daɗe yana dubawa.

Ɗinkin keke ne. Ba zai ɓace masa ba. Safara'u tana da keken ɗinki, ya yi shekaru yana karatu cikin ƙararsa.

Hadari ya taso daga gabas kafin magariba. Ruwan da aka yi ya shafe sawun gaba ɗaya.

Da safe ya tafi bariki wurin Di'o, wanda mutanen ƙasar ke kira Mai Lofe. Baturen yana jin Hausa irin ta jarrabawa, kowace kalma da rigarta a goge.

"Abin baƙin ciki ne ƙwarai, Sufeto. Ina fata za a sami tutar kafin Litinin. Manyan baƙi suna zuwa."

"Ranka ya daɗe, shekarar tutar nawa?"

"An ce ta fi ɗari."

Ma'azu ya ajiye ƙyallen a kan tebur, kalmasar tana sama.

"Ashe kakanninmu sun riga ku samun keken ɗinki."

Mai Lofe ya dubi ƙyallen. Ya cire lofensa, ya ƙwanƙwasa shi, ya cika shi da taba a hankali.

"Wataƙila an yi mata gyara a can."

"Har da yadin? Wannan na kanti ne. Irinsa ake yi wa fursuna riga."

Baturen ya yi magana da muryar mai bayyana wa yaro dalilin shan magani.

"Ta asali ta tsufa ƙwarai. Masana sun ce ba za ta jure tafiya ba."

"Ta jure ta zuwa."

"Kuma a nan gara za ta cinye ta. A can tana cikin gilashi, ana kula da ita, dubban mutane suna ganinta. Wannan an yi ta daidai da waccan, har sandar, har ƙarfen kanta. Babu wanda zai rasa komai."

"Shittu ya rasa."

"Wannan aikinka ne, Sufeto. Ka kamo wanda ya kashe shi, alƙali ya yi nasa. Maganar yadi kuwa ba ta fita daga ɗakin nan. Ka fahimta?"

Ma'azu ya ƙame, ya sara. Ya fahimta. Ya daɗe da fahimtar cewa rabin aikin ɗan sanda sanin abu ne, ɗaya rabin kuma rufe baki.

Suka kama hanyar Rabah. Motar ta kafe a laka sau da yawa, sai wajen azahar suka shiga gari.

Gidan Malam Bube na bakin gari, zaure ɗaya, ɗakuna biyu. Ma'azu ya bar Yari a mota. Ya tuɓe takalman aikinsa a waje, ya cire hularsa ta 'yan sanda, ya yi sallama. Duk shekarun aurensa bai taɓa wuce zauren nan ba, bai taɓa cin abinci a gaban mai gidan ba, bai taɓa kallon tsakiyar idonsa ba. Tsakaninsu gaisuwa ce: ina kwana, ina gajiya, ina iyali. Ko da aka binne Safara'u, abin da suka ce wa juna bai wuce haka ba.

Goggo Indo, ƙanwar tsohon, ta fito da mayafi a ka. Ya durƙusa suka gaisa, gaisuwa mai tsawo.

"Goggo, Baba na ciki?"

"Shina ciki. Masassara ta kada shi tun shekaranjiya. Ya samu barci, ba a tashinai."

"Allah ya sawwaƙe. Tun shekaranjiya bai fita ba?"

"Ko zaure."

Ma'azu ya buɗe jaka, ya fito da takalman, ya ajiye su a gabanta, bakinsu na dubanta.

Ta daɗe tana kallonsu. Sannan ta zauna a ƙasa kamar an zare mata ƙashi.

"Ya ɗauke ta ke nan," ta ce.

"Goggo, ƙofa na buɗe. Me ya sa ya fasa bango?"

"Ƙohwar ina taka dubi?"

"Yamma."

"To." Ta share ido da bakin mayafi. "Yarinyar ga ba ta taɓa hwaɗa maka ba? Tutar gidanmu ba ta juyawa. In an ɗaga ta, gabas aka nuhwa. Ba ta komawa baya, ba ta ratsewa, ba a aje ta ƙasa, ba a warware ta sai gaban abokin gaba. In mai ita ya gaza, shi miƙa baya ta bisa kahwaɗa, wanda ab bayanai na gida shi karɓa. Shi ke nan dokarta."

"In wani ya tsaya a gabanta fa?"



"Ran da Nasara sunka zaka," ta ce, "kowa ya juya ya gudu, har manya. Babanmu bai iya ba, tana hannunai. Anka harbe shi, yam miƙa ma Yaya babba. Shi ma Yaya anka harbe shi, yam miƙa baya. Malam na ab baya. Shina yaro, harsashi ya riga ya karya mai ƙahwa, shina kwance ya miƙa hannu. Sai wani hannu yar riga shi. Tun ran nan mutumin ga hannunai miƙe shike, ɗana. Ku kuna ganin tsoho na mai nacin banza."

"Ina ya nufa?"

"Inda sunka nuhwa ran nan."

"Goggo, gulbi ya cika. Fadamar Goronyo duk ruwa ce."

"Na sani."

Ya miƙe. Maganar yadin kanti tana bakinsa, ya ji nauyinta, amma ba da wannan tsohuwa zai fara ba. Mutum ɗaya ya kamata ya ji ta, kuma in ya ji ta kafin ya isa ruwa, zai iya jefar da sandar ya juyo kamar kowa. In ya so a rataye shi daga baya, a rataye shi ya san a kan me.

"In ka ishe shi," in ji Goggo Indo, "kada ka tsaya gabanai."

Suka koma Wurno, suka bar mota, suka karɓi dawaki wurin hakimi da 'yan doka biyu. Ba su buƙaci sawu ba. Ƙauyukan da ke tsakanin Wurno da Goronyo duk sun ga abin, kuma babu wanda ya yarda mutum ne.

Wani manomi ya nuna musu gonar gero da aka tsaga ta tsakiya, kamar an ja zare. Ya ce ya yi sallama, ba a amsa ba, ba a ko juyo ba.

A wani ƙauye wata mata mai suna Mairo ta yi musu magana ta bayan zana.

"Ina daka, rana tsaka, sai nig ga zana ta tsage. Wani abu hwari yas shigo da mashi tsaye, dogo, ya hi ɗaki. Idonai hwari hwat. Yab bi ta tsakanin turmina da murhu, yat taka wuta, wallahi yat taka wuta bai ce uhum ba, yah hita ta waccan zanar."

"Ya yi magana?"

"Cewa shikai, a gahwarce ni, a gahwarce ni. Amma ba da ni shikai ba."

Ɗaya daga cikin 'yan dokan ya ce cikinsa na ciwo, zai jira a nan. Yari ya ce masa ciwon nan shi ma yana jinsa, amma shi kofur ne, ba a yarda ya nuna ba.

Malam Bube makaho ne ko kusa da haka, amma bai kauce ko kaɗan ba. Ma'azu ya gane yadda yake yi: da safe rana a goshi, da yamma rana a ƙeya, in hadari ya taso iska a fuska.

Ran Lahadi da hantsi suka gangara fadama kusa da Goronyo. Gulbin Rima ya haɗiye gonakin shinkafa, ruwa ja, shimfiɗe har inda ido ya tsaya, kawunan itatuwa kawai ke leƙowa. Babu jirgi, babu masunci, babu ko tsuntsu.

Tsohon yana nan tsaye a bakin ruwan, ruwa ya kai masa idon sawu. Rigarsa ta zama tsumma. Sandar na tsaye a hannayensa biyu, bai bari gindinta ya taɓa laka ba. Hannayen suna rawa, tutar na rawa a sama cikin kubenta.

Ma'azu ya sauka daga doki. Ya ce su tsaya nesa. Ya tuɓe takalma, ya cire hula, ya tako ta baya, ya durƙusa cikin laka da kakinsa.

"Salamu alaikum. Baba, ina kwana."

"Wa alaikumus salamu." Muryar ta dushe, amma bai girgiza ba. Bai juyo ba. "Sufeto na? Lahiya lau. Ina gajiya?"

"Babu gajiya."

"Ina aiki?"

"Da godiya."

Ruwa na lasar ƙafafun tsohon, waɗanda suka kumbura suka tsattsage, wani wuri ƙuna, wani wuri ƙaya.

"Baba, aiki ya kawo ni."

"Na sani. Yi tambayarka, ɗana. Yau babu kunya."

"Shittu ɗan doka."

"Ya cika?"

"Ya cika."

Tsohon ya yi salati a hankali. "Ni na. Mutumin kirki na, shi yab buɗe man. Allah ya sani gaisuwa niz zaka yi. Nis shiga, nil laluba, nij ji ta cikin akwati kwance awa gawa. Ba a kwantar da ita. Nic ce bari in tashe ta kawai. Da nit tashe ta, sai nig ga ina duban gabas."

"Ƙofa na bayanka."

"Tana bayana. Sai nis sa ƙarhen ga bango, damina ta jiƙa shi. Shi ko shina salla waje. Da ramin yab buɗe, sai ga shi tsaye, shina cewa Malam koma, Malam za ka sa a kore ni. Nic ce shi kauce. Nis sake cewa. Nir roƙe shi don Allah. Yac ce shi ma amana anka ba shi. Ramin bai da tsawo, dole in kwantar da kanta gaba in hita. Ban soke shi ba, ɗana. Tahiya kawai niy yi. Amma na ji lokacin da tas shiga, kuma ban tsaya ba. Rubuta haka."

"Dole in kama ka, Baba."

"Dole na. Shittu shina da ɗiya, na ji muryarsu ran Alhamis sun kawo mai hura."

Ma'azu ya dubi sandar. Ga yagar kuben nan, ga farin yadin kanti yana leƙowa, tafin hannu ɗaya daga fuskar tsohon da ba ya gani.

"Kada ka zaci tsoron ruwa yat tsai da ni," in ji Malam Bube. "In nis shiga, ni in nutse, ita ta hwaɗi. Shi ya sa. Tun jiya nike nan ina saurare ko in ji sawu bayana. Ba ni da ɗa namiji. Wadda tar riga mu ba ta bar kowa ba. Nic ce ko Allah ya ƙaddara a kaina za ta ƙare. Sai nij ji sallamarka."

"Baba, akwai wata magana."

"Karɓi tukuna. Hannuna ya mutu."

"Maganar a kan..."

"Tashi tsaye. Ba a karɓarta durƙushe."

Sandar ta fara karkatowa baya ta bisa kafaɗar dama, a hankali, tana rawa. In bai tara hannu ba za ta faɗi cikin laka. Ma'azu ya miƙe ya tara.

Ba ta da nauyi ko kaɗan.

Tsohon ya saki. Hannayensa suka tsaya a sama yadda suke, yatsu a lanƙwashe, sun ƙi sauka. Ya ja ƙafa gefe, ya juya. Karo na farko ke nan da Ma'azu ya kalli fuskar surukinsa sosai, ya ga ashe goshin Safara'u ne, da haɓarta. Kuma bai taɓa ganin hutu a fuskar ɗan Adam irin wannan ba.

"Alhamdu lillahi," in ji Malam Bube. "Ta iso hannuna, ta wuce. Ban yar ba."

Ya bi ta gefensa ya wuce baya. Yanzu babu kowa tsakanin Ma'azu da ruwa.

"Kofur!" ya kira, yana duban gulbi.

"Ranka shi daɗe!"

"Ga wanda ya kashe Shittu, ya amsa da bakinsa. Kada ka sa masa ankwa. Ɗora shi a kan dokina, ku ba shi ruwa, ku kai shi mota."

"Kai hwa?"

"Ina zuwa."

Ya ji suna ɗaga tsohon, ya ji Yari na cewa sannu Baba, riƙe nan Baba. Ya ji dokin ya yi atishawa. Sannan muryar ta zo daga bisa sirdi, a natse, irin ta uba mai aiken ɗansa kasuwa.

"Ɗana, kak ka waiwaya."

Bai waiwaya ba. Ya ce a ransa bari su yi nisa, in ya so ya same shi a Sakkwato, bayan ya ci abinci ya yi barci, ya durƙusa ya gaya masa a hankali. Ya tsaya yana jin kofato cikin laka har ya daina ji. Ya san abin da ke hannunsa, ya san irin kantin da ake sayar da shi, ya san ƙarar keken da ya ɗinka shi. Duk da haka da ya zo juyawa, ƙafarsa ta daɗe kafin ta yarda.

Malam Bube bai kai Sakkwato ba. A bayan mota ya cika, tsakanin Wurno da birni, kansa a cinyar Kofur Yari, hannayensa har lokacin a lanƙwashe. Yari ya ce murmushi yake yi.

Ma'azu ya iso bayan an rufe shi da bargo. Ya tuɓe takalma, ya durƙusa a gefen motar kamar yadda ya saba, idonsa a ƙasa. Abin da ya ɗauko tun daga barikin Wurno yana nan a bakinsa, babu sauran mai karɓa.

Baba, ba ita ba ce. Taku tana can cikin gilashi.